Ragin Dubu Biyar na Malam Uwaisu

"Ni ban ce an cuce ka ba," in ji Ɗanmusa. "Cewa na yi ka sake lissafawa."

"Sau uku na lissafa."

"To ƙara na huɗu, ko Allah zai sa ta ragu."

Malam Uwaisu bai yi dariya ba. Suna zaune ne a kan dakalin ƙofar gidansa da ke Limawa, da hantsin Asabar, ga kwanon waina a tsakaninsu tana hucewa. Matar Ɗanmusa ce ta toya ana raba wa maƙwabta sadaka, domin a makon nan mijinta ya gama biyan bashin gidansa, banki ya miƙa masa takardar mallaka. Katanga ɗaya ce ta raba gidajen nan biyu, gininsu iri ɗaya, kuma rana ɗaya masu su suka sa hannu, shekara goma sha biyar da suka wuce. Shi ma Malam Uwaisu akwai takardar bankin a hannunsa, sai dai tasa cewa take saura naira miliyan biyu da 'yan kai a kansa.

A wani ƙauye kusa da Jahun aka haife shi. Mahaifinsa, Malam Mammadu, manomi ne mai 'yan tumaki, kuma duk ranar kasuwa tare da Uwaisu yake shiga kara, inda ake cinikin dabbobi. A nan ya koyi ciniki tun kafin ya iya rubuta sunansa. Tsohon yakan ce masa kada ya kuskura ya amsa kuɗin farko. Ka taya ƙasa, in mai kaya ya ce albarka ka karkaɗe rigarka ka juya, in da gaske sayarwa ya zo yi zai kira ka kafin ka kai bakin turke na uku. Uwaisu ya riƙe wannan karatu fiye da na makaranta. Da ya zama malamin gona a ma'aikatar jiha ya dawo Dutse da zama, duk wanda zai sayi ragon layya a ofis sai ya ja shi. Tun daga nan Ɗanmusa, wanda ke riƙe da sito a ma'aikatar, ya raɗa masa suna Dillali.

Shekara goma sha tara ya yi yana haya. Ɗaki biyu, shi da matarsa Talatu da 'ya'ya huɗu, mai gida kuma duk shekara sai ya zo da ƙari. Da aka gina rukunin gidajen ma'aikata aka ce wani banki zai ba da rancen miliyan uku, mutum ya kawo dubu ɗari biyar na kafin alƙalami, Uwaisu bai da ko rabinsu. Abin da yake da shi gonar gado ce, mai tsamiya a tsakiya, wadda suka gada shi da yayarsa Amina. Ya je ya durƙusa a gabanta ya yi bayani. Ta daɗe tana tsince tsakuwa daga cikin wake kafin ta ɗago.

"Ka sayar," ta ce. "Ba na son ko kwabo daga kasona. Amma ranar da gwamnati ta sallame ka, ka dawo mini da gonar Baba."

Ya ce ya ɗauki alkawari. Aka sayar wa Alhaji Hashimu, mai sayen riɗi a Jahun, shi ma ya ce duk ranar da suka shirya ƙofa a buɗe take.

Ranar sa hannu, shi da Ɗanmusa suka tafi bankin a kan babur ɗaya. Ma'aikacin ya ce za a riƙa cire dubu talatin da biyu daga albashi kowane wata, har shekara goma sha biyar. Ɗanmusa ya murza goshi, ya karɓi biro ya sa hannu. Uwaisu kuwa ya kalle shi da tausayi, irin kallon da ake yi wa baƙon kasuwa. Da aka zo kansa ya ce shi dubu ashirin da biyar zai iya. Ma'aikacin ya ce ai ba haka ake yi ba. Uwaisu ya miƙe, ya gyara hula, ya karkaɗe riga, ya nufi ƙofa. Bai kai ga taɓa mariƙinta ba aka kira shi.

"Malam, dawo. Ana iya mayar da shi dubu ashirin da bakwai, amma fa shekarun za su koma ashirin da biyar."

Ya ji maganar shekarun sarai, ba a ɓoye masa ba. Har takarda mai shafi huɗu aka ba shi, an jera wata-wata tun daga na farko har na ƙarshe. Amma a ransa shekara ba kuɗi ba ce, ta Allah ce, tana zuwa kyauta. Abin da ya shiga kunnensa shi ne an kira shi kafin ya kai ƙofa, kuma an rage dubu biyar. Ya sa hannu, ya ninke shafukan nan huɗu, ya jefa su cikin akwatin da yake ajiye takardun makaranta. A hanyar komawa yana bayan babur yana yi wa Ɗanmusa tsiya.

"Ko banki ana taya shi, Sarkin Gaggawa. Kai ko albarka ba ka bari an ce maka ba."

Wannan labari ya ba da shi ya fi sau ɗari, a majalisa, a wurin suna, har a taron manoma. Shekarun farko kuwa sun yi kama da shaida a gare shi. Ɗanmusa ya sayar da babur ɗin nan a shekara ta biyu, ya koma hawa keke zuwa ofis, nama ya zama baƙo a tukunyarsa. Uwaisu kan tsaya da nasa babur in ya cim masa a hanya, yana tambayarsa ko yana buƙatar rancen dubu biyar.

Yanzu saura wata huɗu ya cika shekara talatin da biyar a aiki. Da ya fara haɗa takardun ritaya aka ce ya kawo shaida daga banki. Nan ne ya ji abin da ke shafi na huɗu: in ma'aikaci ya bar aiki bashi bai ƙare ba, daga kuɗin sallamarsa za a cire ragowar gaba ɗaya. Ya ce to ai ragowar ba za ta yi yawa ba, shekara goma sha biyar yana biya. Sai aka buga masa takardar nan da ke hannunsa.

Ya juya bayanta ya nuna wa Ɗanmusa lissafin da ya yi da jan biro.

"Duba nan. Dubu ashirin da bakwai sau wata ɗari da tamanin. Kusan miliyan biyar na zuba musu. Miliyan uku na ranta, Ɗanmusa. Ta yaya za a ce saura biyu?"

"Ai sun gaya mana tun ranar. Kuɗin ruwan ake fara ɗiba, abin da ya rage shi ke taɓa uwar kuɗin. Kai naka ragowar ƙanƙanuwa ce, shi ya sa uwar ba ta motsi."

"Kai nawa ka biya duka?"

"Biyar da ɗari takwas, saura kaɗan."

"Ni da zan kai ƙarshe, takwas da ɗari ɗaya." Ya buga takardar a gwiwarsa. "An rage mini dubu biyar, an ɗora mini fiye da miliyan biyu. Ni da nake zagaya ƙauyuka ina ce wa manoma kada su dubi kuɗin buhun taki ɗaya, su dubi buhu nawa na gero zai fita daga rumbu da kaka. Shekara talatin ina faɗin wannan. Na zauna a gaban mutumin nan ban tambaye shi gaba ɗaya nawa ba. Wa ya taɓa sayen rago ya tambayi kuɗin ƙafa ɗaya?"

Ɗanmusa ya ɗauki waina ya gutsura. Shekara goma sha biyar yana tanadin ranar da zai rama tsiyar babur, ga ranar ta zo, sai ya ji ba ta da daɗi.

"Dillali, ka san dubu ashirin da bakwai ta yau ba irin ta wancan lokacin ba ce. Yau ko rabin buhun shinkafa ba ta saye. In ka duba ta nan, ba ka faɗi sosai ba."

"Na duba ta nan ma. Da albashi zan ci gaba da ɗauka, da na ce haka ne. Amma ba wata-wata za su karɓa ba, a dunƙule za su ɗebe. Gonar kuma ba ta tsaya jirana a dubu ɗari biyar ba."

Wannan shi ne abin da ya hana shi cin wainar. Kuɗin sallamarsa miliyan uku da ɗari biyu ne. Alhaji Hashimu ya aiko tun watan jiya cewa wani ya taya gonar miliyan uku da rabi, amma saboda alkawarin da ke tsakaninsu zai bar wa Uwaisu a uku, in zai ba da tabbaci kafin a gama yankan riɗi. Uwaisu ya aika da godiya, ya ce a ɗauka an gama. Har ya gaya wa Yaya Amina. Da shekara goma sha biyar ya karɓa kamar maƙwabcinsa, da yau kuɗin nan nasa ne cif, gona ta dawo har da canjin sayen iri. Yanzu in banki ya ɗebi nasa, abin da zai rage bai kai rabin kuɗin gonar ba.

"Ka sayar da gidan mana," in ji Ɗanmusa. "Yau ya ninka kuɗinsa sau nawa."

"In koma haya da furfura?"

Daga bayan labulen zaure Talatu ta yi gyaran murya. Ashe ta jima a tsaye da tsintsiya a hannu.

"Baban Fiddausi, in ce wani abu?"

"Faɗi."

"Dubu biyar ɗin nan ba a rijiya ka zuba su ba. Da su aka biya wa Fiddausi kuɗin jarrabawa, ga ta yau a Kafin Hausa tana karatu. Da su aka sayi maganin Innarka shekara biyu. Kada ka zauna kana zagin kanka kamar wanda ya yi caca."

"Na sani, Talatu. Amma in kin tara su duka ba su kai miliyan ɗaya ba. Miliyan biyun nan fa?"

Ta koma ciki. Sai ƙarar tsintsiya ta ci gaba a tsakar gida.

Yaya Amina ba ta taɓa yi masa tuni ba, ko sau ɗaya. Sai dai duk kaka in ta aiko da daddawa da kuka, takan haɗa da saƙo: gonarmu ta yi gero bana, ko gonarmu riɗi aka zuba mata. Shekara goma sha biyar gonar na hannun wani, ba ta daina cewa gonarmu ba. Yanzu ta haura saba'in, idonta ɗaya ya yi yana. Da ya kai mata albishir watan jiya, sai da ta sa jikarta ta riƙe mata hannu suka je har gindin tsamiyar, ta zauna ta yi wa Malam Mammadu addu'a.

"Kira ta a waya mana," in ji Ɗanmusa. "Ko ka bari sai ka ga abin da Allah zai yi kafin wata huɗun."

"Alhaji Hashimu ba zai jira wata huɗu ba, kuma bai kamata in riƙe masa ciniki da ƙarya ba. Ita kuma durƙusawa na yi a gabanta na karɓa. Ba zan gaya mata ta waya ba."

"Me za ka ce mata?"

Malam Uwaisu ya daɗe yana kallon katangar gidansa, inda fentin ya fara ɓarewa daga ƙasa. Gida ne mai kyau, ba ya yoyo, a nan aka haifi autarsa, a nan aka yi wa babban ɗansa ɗaurin aure. Ba gidan yake jin haushi ba.

"Zan ce mata na yi ciniki, an kira ni kafin in kai ƙofa, na dawo. Ita ta san Baba, za ta gane." Ya ninke takardar ya sa a aljihun gaba. "In Alhaji zai yarda ya yanka mini ɓangaren da tsamiyar take da abin da ya rage, to. In ya ce albarka, wannan karon ba zan karkaɗe riga ba."

Ɗanmusa ya tura masa kwanon. "Ci ko guda ɗaya, sadakar gidana ce. In ka ƙi, zan ce hassada kake."

Ya ɗauki ɗaya ya ci a tsaye. "Allah Ya sanya albarka, Sarkin Gaggawa. Ka riga ni."

"Amin. Ka gaishe da Yaya."

Ya leƙa zaure ya ce wa Talatu ta ƙulla wa Yaya Amina sukari da sabulu biyu. Ta miƙo masa ledar, ta haɗa da sauran wainar a wani ƙullin. Ya sa hularsa, ya taka takalmi, ya bi ta gefen kwata ya nufi bakin titi, inda motocin Jahun suke lodi.