Mai Ɗinkin Ƙwarya da Kiɗana

Na daɗe ina ɗaukar biro ina ajiyewa. Karatuna a firamare ya tsaya, ina tsoron masu ilimi su yi mini dariya. Amma murna ta ƙi barina in zauna shiru, damuwa ma haka.

Sana'ata kiɗan fim, irin ƙananan finafinan da samari ke haɗa kuɗi su yi. Fiyanona yana cikin shagon zaurenmu a cikin birni. Shekara da shekaru ina kiɗa, sunana bai taɓa fitowa a allo ba.

Bana wani darakta daga unguwar Kongo ya kawo mini fim a kan uwar da ɗanta ya tafi ci-rani. Ina kallon wurin da take shanya kayansa, sai wani sauti ya sauko mini a yatsu. Na buga. Darakta ya miƙe, hularsa ta faɗi, bai ɗauka ba.

“Malam, wannan karon sunanka zai cika allo, har sai an matsa wa nawa.”

Ya saki ɗan guntun kiɗan a waya. Kafin sati na ji mai keke yana yinsa da fito a unguwar Tukur-Tukur. Na biya kuɗin mota har da na wanda ke kusa da ni, ban san shi ba. Na shiga gida da rawa, ni da ko a biki ba na ɗaga ƙafa. Na kunna wa Inna, mahaifiyata, tana tsintar shinkafa.

Sai Inna ta kama bin sautin da hanci. Inda nawa ya ƙare, ita ta wuce gaba.

“Inna, a ina kika san shi?”

“Ai na mai ɗinkin ƙwarya ne. Tsohuwar nan da ke shigowa daga ƙauye kana rarrafe. In tana ɗinki tana yinsa, kai kuma ka bar kuka.”

Na kira darakta na ce a dakata da sunana, akwai haƙƙin wata. Ya yi dariya har da tari.

“Malam, kai fa ko kazar maƙwabta ta yi kuka a kiɗanka sai ka je neman yafiya.”

Gaskiya ne, na taɓa zuwa. Ƙarshe muka shirya: za a rubuta sunana, nata a sama. Tun ranar ina tafe ina murmushi ni kaɗai, ashe tun ina rarrafe nake koyon aiki.

Sai dai Inna ta manta sunan tsohuwar. Abin da ta riƙe, doguwa ce, tana da tsage a kumatu, ta wajen Wusasa take ɓullowa, ba ta karɓar komai sai hatsi. Fim na jiran layi ɗaya, na sunanta. Don Allah, wanda kakarsa ce, ko ta taɓa yi wa gidansu ɗinki, ya tambayi zauren mai fiyano a cikin birni. Ina nan ko yaushe.