Shekarar da Korama Ta Bar Hanyarta

Akwai wata ƙasa da ba ta cikin taswirar kowa, amma a gidanmu mun san ta kamar yadda muka san kasuwar Lolo. Kakar babana ce ta ƙago ta a tatsuniya, babana da wansa, wanda muke kira Baffa, suka gaje ta suka yi ta ƙara mata garuruwa da sarakuna. Malaman ƙasar sun rabu biyu tun fil'azal. 'Yan Dutse suna cewa abu yana nan yadda Allah ya aje shi, idon mutum ne kawai ke yawo. 'Yan Ruwa suna cewa babu abin da ke kwana inda ya wuni, ko mutumin da ya tafi fatauci Benin ba shi ne ke dawowa ba.

Baffa ɗan Dutse ne, Baba ɗan Ruwa. Kullum bayan la'asar sai su zauna a rumfar ƙofar gida su ɗora daga inda suka tsaya jiya. Shekara talatin suna abu ɗaya, ba wanda ya kayar da wani. Ni ina ganin aikin banza ne, amma ina sauraro, don Baba ya iya ba da dariya.

Gonakin shinkafarmu suna fadama, kusa da iyakar Benin. Kakanmu ya raba wa 'ya'yansa biyu da magana ɗaya: korama ce iyakarku. Gabas ta Baffa, yamma ta Baba. Shekarar da na yi aure, Baba ya nuna mini yankin da ke bakin koramar ya ce nawa ne, in ci da iyalina. Nan ne ƙasa ta fi kyau a duk gonar.

A daminar shekarar kogin Kwara ya cika ya tumbatsa. Da ruwa ya janye, sai muka tarar korama ta bar tsohuwar hanyarta ta yanka ta tsakiyar gonarmu. Yankina duka ya koma gabas da ruwa. Tsohuwar hanyar kuwa tana nan, busasshen kwari, ko makaho zai laluba ya gane ta.

Ban damu ba da farko. Na ce ai Baffa ɗan Dutse ne, bakinsa ya riga ya ɗaure shi. Bayan kwana huɗu na ga 'ya'yansa suna kafa turaku a bakin sabuwar koramar. Raina ya ɓaci. Na ɗauki adda, matata ta tare ƙofa. Aka daina zaman rumfa, matan gidajen biyu suka daina aika wa juna tuwo, har maganar ta kai gaban mai gari.

Zauren ya cika, don kowa ya san gardamar 'yan Dutse da 'yan Ruwa, kowa yana son ya ji yadda za a kwashe. Mai gari ya fara da babba.

Baffa bai ɗaga kai ba. Ya ce, "Ranka shi daɗe, tsohonmu korama yac ce. Bai ce inda korama take ba. Inda ruwa sunka tahi, can iyaka ta tahi."

Wani ya yi tari, wani ya yi dariya ƙasa-ƙasa. Ni daɗi ma na ji, don na ga hanya ta buɗe. Tunda Baffa ya ari bakin 'yan Ruwa, sai Baba ya ari na 'yan Dutse, kwari kuma yana nan shaida. Dattawan da ke zaune rabinsu a bayanmu suke. Na matsa kusa da shi na ce a hankali, "Baba, ka hwaɗi kwarin kawai."

Mai gari ya ce, "Kai kuma mi kac ce?"

Baba ya dubi wansa. Sannan ya ce, "Shekara talatin ina hwaɗa ma Yaya maganag ga, bai yarda ba sai yau. In ƙaryata ta ranar da yay yarda? Gaskiya tai."

Mai gari ya sake tambayarsa, har sau biyu, yana ba shi ƙofa. Bai shiga ba. Aka shafa fatiha.

Na fi wata uku ban yi masa magana ba sai gaisuwa. Har yau ban gama yafe masa ba, kuma ba zan ɓoye ba. Da gonata ya sayi nasarar gardamar tatsuniya, bai ko tambaye ni ba. Daga baya na koma ƙwadago a gonakin mutanen ƙetare, ina kwana a bukkar wasu.

Amma abin da ya fi tsaya mini a rai ya faru ne washegarin shari'ar. Garmarmu da buhunan iri suna cikin bukkar da ke yankin, sai muka je ɗaukowa. Muka tarar da Baffa tsaye a cikin yankin yana duba turaku. Ni na tsallake ruwan kai tsaye, ban ko dube shi ba. Da na waiwaya sai na ga Baba ya tsaya a bakin korama, ruwa iya ƙauri, bai taka ƙasar da ya yi shekara da shekaru yana nomawa ba.

Ya ce, "Salamu alaikum, masu gona. A ba mu izini mu ɗauki kayanmu."

Baba yana nan cikin ruwa yana jira.