Gamel Mai Fito da Takwaransa Alƙali

Gamel ɗan Orm mai fito ne a ƙauyen Asketorp, inda kogi ke buɗewa kafin ya gangara teku. Fito ya tarar ubansa yana yi, haka ma kakansa. Gajere ne mai faɗin ƙirji, idan ya yi kira daga wannan gaɓa sai na waccan gaɓar ya waiwayo. Bayan fito yana da shingen kifi da ya gada, turaku da kirare da aka kakkafa suka tare rabin kogin, kifi na bin jikinsu yana faɗawa kwanduna. Da waɗannan biyu yake ci da matarsa Ragnild da 'ya'yansu mata uku. Bai taɓa shakkar kansa ba. Idan ya ce ruwa zai janye jibi, jibi ta zo bai janye ba, sai ya ce ruwan ne ya yi kuskure.

Wata shekara kogi ya yi ambaliya ya shanye hanyoyi. Ana cikin haka sai ga keken doki ya tsaya a bakin fito, ɗauke da uwargida Avice, matar barde Hamo mai ƙasar Torp. Gidan iyayenta za ta je haihuwa, naƙuda ta riga ta. Ragnild ce ta karɓi haihuwar a ɗakinsu, ƙarƙashin kifin da aka rataye a hayaƙi. Jaririn ya fito ɗan mitsitsi, kukansa ma da ƙyar ake ji. Fada Ulf, limamin cocin ƙauyen, ya iso da taɓo har gwiwa, ya dube shi sau ɗaya ya ce a yi masa baftisma yanzu, ba ya jin zai kai yamma.

"Wa zai tsaya masa uba?" in ji Fada.

Wanda aka shirya zai tsaya wani babban mutum ne a birnin Lincoln, ga kogi tsakani. Kowa kuma ya san wanda ya ɗago yaro daga ruwan baftisma, sunansa yaron ke ɗauka. Barorin uwargida suka sunkuyar da kai, babu mai son maigidansu ya ji sunansa a bakin coci. Gamel ya goge hannu a rigarsa.

"Ba ni shi, Fada. Na ɗauki abin da ya fi shi santsi bai suɓuce mini ba."

Haka aka yi, yaro ya ci suna Gamel.

Da ruwa ya janye barde Hamo ya iso a kan doki, fuska a murtuke. Ɗansa na fari, kuma sunan masunci! A lokacin manyan gidaje duk sun koma sunayen Faransawa, irin na Gamel sai a bakin kogi ko wajen masu kiwon tumaki.

"Kai ne ka liƙa wa ɗana sunanka?"

"Ni ne, ranka ya daɗe. Gata ma na yi masa. A yaren kakanninmu Gamel tsoho ke nan. Yaron da aka ce ba zai kai yamma ba, na kira shi tsoho, ga shi yana tsotso kamar ɗan maraƙi."

Hamo ya je wajen Fada ya ce a sauya. Fada ya ce abin da aka faɗa a kan ruwan baftisma ya zauna. A gida aka yi ta kiran yaron Gilbert, amma uwarsa ba ta taɓa kiransa haka ba. Ita ta ga yadda ya fito, ta kuma tsorata a taɓa sunan da ya rayu da shi. Kowace shekara takan aiko wa Ragnild da ƙyallen ulu, Gamel kuma ya aika wa takwaransa busasshen kifi, ko ana so ko ba a so.

Yaron yana ɗan shekara goma sha uku, yana makarantar babban coci a Lincoln, ya zo ƙetarewa zuwa gida. Ya zauna a jirgi ya haɗe rai.

"Takwara, ba gaisuwa?"

"Sunan nan naka ya ishe ni, Baba. 'Yan makaranta in na wuce sai su toshe hanci, wai ƙarnin kifi."

"Su wane ne?"

"Su Robert."

"Robert nawa ne a ajinku?"

"Da yawa."

"Gamel fa?"

"Ni kaɗai."

"To ka gani. In malam ya ce Robert ya yi ƙoƙari, sai an tsaya tambaya wanne." Ya danna sandar tuƙi cikin ruwa. "Kakata ta ce mutanen da suka kawo sunan nan daga arewa suka zo, cikin dogayen jirage, ta wannan kogin da kake kai. Ba su tambayi kowa hanya ba. Su suka kafa Asketorp da Torp ɗin ubanka tun kakannin su Robert ba su san akwai ƙasar nan ba. Wanda ya sake toshe hanci, ka tambaye shi ma'anar nasa sunan. Ba zai sani ba."

Yaron bai yi dariya ba, amma da zai sauka ya karɓi kifin. Daga baya aka ji ya hana a ce masa Gilbert ko a gidansu.

Shekaru suka tafi. Takwara ya yi karatun shari'a, ya yi wa alƙalan sarki aiki a London, har shi ma aka naɗa shi. Gamel mai fito kuwa gemu ya yi fari, baki bai mutu ba. Duk wanda ya shiga jirginsa sai ya ji labarin alƙalin da ya ɗaga da hannu ɗaya.

Sai rigima ta taso. Thorold, wani falke mai safarar ulu, jirginsa ya daki turakun shingen Gamel ya kife, buhunan ulu suka jiƙe. Ya haɗa kan sauran fatake suka kai ƙara, suka ce dokar sarki ta hana tare kogin da jirage ke bi. Aka ce a jira zuwan alƙalan da ke zagaya ƙasa. Da aka faɗi sunan wanda zai zauna a Lincoln, Gamel ya shiga gidan giya ya sa aka cika wa kowa kofi.

"Thorold ya kai ƙarata wajen ɗana," in ji shi. "Ku taya ni tausaya masa."

Ragnild ta ce masa, "Maigida, ka rage baki. Yaron nan alƙalin sarki ne, ba naka ba."

"Kafin sarki ya san shi ni na san shi."

Ranar shari'a ya sa rigarsa ta zuwa coci ya tsaya a gaba. Alƙali Gamel ya shigo, dogo, siriri, furfura ta fara masa a gefen kunne. Bai ko kalli inda tsohon yake ba. Aka rantsar da dattawan yankin, aka tambaye su ko shingen ya tare hanyar jirgi. Suka ce ya tare, amma tun kaka da kakanni yake nan. Alƙali ya ce daɗewa ba ta mayar da kogin kowa ya zama na mutum ɗaya. Ya yanke a tumɓuke shingen kafin shigowar sanyi. Ya kuma ƙi sa wa Gamel biyan ulun da ya jiƙe, don shaidu sun ce Thorold a buge yake ranar da ya kife.

Gamel ya fita bai rusuna wa kowa ba.

Bayan an tashi zaman shari'a alƙali ya nufi Torp ganin uwarsa, hanya kuma ɗaya ce, ta fiton Gamel. Ya bar mutanensa a gaɓa ya shiga jirgin shi kaɗai. Da suka yi nisa alƙali ya dubi tsohon.

"Baba, ina gaisuwa."

"Ka kunyata ni gaban Thorold. Mutumin da bai san gabas ba sai an juya shi."

"Da na bar maka shingen, daga nan har London cewa za a yi Gamel ya yi wa Gamel shari'a. Ba ni kaɗai za a zaga ba."

Tsohon ya yi tuƙi kaɗan yana tauna maganar.

"Kuma ka san shingen ya tare kogi," in ji alƙali.

"Na fi ka sani. Ni nake gyara shi kowace bazara." Ya tofar da yawu a ruwa. "Abu guda, kar ka turo mini dogaran birni su yi mini ɓarna. Kakana ya kafa, ni zan cire."

"Na yarda."

"Kuma ka rame. Ba sa ba ka abinci a London ɗin?"

Gamel da mazajen 'ya'yansa mata suka tumɓuke turakun ɗaya bayan ɗaya. Sanyin shekarar ya yi musu wuya, kifi ya ragu a gidan, Ragnild ta koma gurasar sha'ir da wake. Gamel bai nuna a fuska ba. Ya ce su jira bazara.

Da kogi ya buɗe, manyan jirage suka fara hawowa, waɗanda a da suke tsayawa a bakin teku. Matuƙansu baƙi ne, ba su san inda yashi ke kwance ƙarƙashin ruwa ba, sai su yi ta kafewa. Gamel yakan bar su su ɗan sha rana, sannan ya tura jirginsa ya je ya tambaya ko suna neman mai nuna hanya. Kafin shekara ta zagayo babu jirgin da ke wuce Asketorp sai da shi a gaba, yana nuni da sanda yana yi wa matuƙa tsawa. Har Thorold sai da ya zo da hula a hannu. Gamel ya bi da shi lafiya, yana yi yana tambayarsa ko yau ya karya da ruwa ne ko da giya.

Ba a daɗe ba labarin ya sauya a bakinsa. Ya koma cewa shi ya ba takwaransa shawarar a cire shingen, don ya daɗe da hango zuwan manyan jirage. Ragnild in ta ji sai ta ci gaba da saƙarta.

Da ƙafa ta gaza ya bar wa mijin autarsa Gunnild jirgin, ya koma zama a kan kututture a bakin fito yana gyara wa mutane tuƙi daga nesa. Ya rasu lokacin sausayar tumaki, bayan gajeriyar jinya. Alƙali yana can kudu kan aikin sarki, labari bai same shi ba sai bayan an binne. Ya aiko da manyan kyandirori na coci, ya kuma sa aka gina wa ƙauyen matsayar jirgi ta dutse, wadda mijin Gunnild ya ce an yi ta a inda bai dace ba, amma ya yi amfani da ita har tsufansa.