Wankin Raƙumin Dawa

Shekarar da aka yi gyaɗa a Damagaram har aka rasa buhunan zubawa, ita ce shekarar da kakata ta fara kai ni bayan dutse. Lokacin yunwar da aka raba jar dawa ina goye da ɗiyata ta fari, kakar tawa kuwa ta yi damina biyu a ƙasa, wankin dutsen ya dawo hannuna. Dutsen kuma an fasa shi rani biyu bayan an kafa dogon ƙarfen salula a bakin kasuwarmu. Ni ban san lissafin takarda ba, amma ku tambayi duk wani tsoho tsakanin Dogo da Gaffati, ba wanda zai ce na tsallake damina ko ɗaya.

Duwatsun ƙasarmu kun san su, manya-manya, a kife kan juna kamar tukwanen da aka tara za a gasa. Namu yana yamma da gari, bayan gonakin gero. Ta gefensa na arewa akwai wata fuska mai santsi wadda ta ɗan sunkuyo, mutum uku za su fake a ƙarƙashinta in ana ruwa. Idan ka tsaya a gabanta da rana tsaka ba abin da za ka gani sai dutse. Makiyaya sun sha yin barci a wurin, ba su san da wa suke kwance ba.

Ranar da kaka ta kai ni, hadari ya fara leƙowa ta gabas amma ba a yi ruwan shuka ba tukuna. Ta ɗora mini sabuwar ƙwarya cike da tsari, wato ruwan da aka wanke surfaffen gero da shi. Mu biyu ta ɗauka, ni da 'yar ƙanen babana, sa'ata. Da muka isa ta karɓi ƙwaryar, ta yi bisimilla, ta miƙa hannu iya tsawonta ta fara zubawa daga sama a hankali. Ruwan yana gangarowa, dutsen yana yin duhu, sai ga kunnuwa, sai ga ƙahoni biyu gajeru, sai wuya, wuya, wuya, har na ja da baya na taka ƙafar 'yar'uwata. Raƙumin dawa ne, ya fi babana tsawo, an sassaƙa shi a jikin dutsen da zane mai zurfin da ɗan yatsa zai kwanta a ciki. A ƙarƙashin cikinsa jimina biyu suna gudu. Daga bakinsa kuma wani siririn layi ya sauko har ƙasa, ya ƙare a hannun wani ɗan mutum wanda bai kai ko gwiwar dabbar ba.

Na ce, “Kaka, igiya ce ya ɗaura masa?”

Ta ce, “Ke mai kunnen ƙashi, wa kika taɓa ji ya ɗaura wa raƙumin dawa igiya? Dubi girman mutumin, dubi girman dabbar. Wa ke riƙe da wani a nan?”

Ta ce duk cikin halittar daji ba wanda ya kai shi kusa da hadari. Shi ke fara jin ƙamshin ruwa, shi ke fara sha, sa'an nan ya sako wa na ƙasa. Ta ce mutanen da suka yi zanen nan ba su san salla ba, ba a aiko musu kowa ba tukuna, to abin da muke roƙo da baki su da hannu suka roƙa, suka yi ta goga dutse da dutse har roƙon ya zauna. A zamaninsu ƙasar nan ruwa ce da ciyawa. Wannan kam na gaskata ta, don da idona na ga ɓawon katantanwa da ƙashin kifi da mahaƙa suka fito da su daga rijiyar gabas, gaba goma cikin ƙasa.

Kafin mu juya rana ta shanye ruwan, raƙumin ya koma ciki. A hanya ta kama kunnuwanmu ta ce ba a nuna shi da yatsa, ba a faɗarsa gaban namiji ko da mijinki ne. Mace ce ke wanke shi sau ɗaya a shekara kafin ruwan shuka, in ta ji ƙarfinta ya fara tafiya ta nuna wa wata daga jininta.

Haka na yi, damina bayan damina. Maza sun san tsohuwar gidanmu tana zuwa bayan dutse da ƙwarya, amma sun ɗauka iskokai ake ba gumba. Wani malami da ya zo wa'azi daga Kano har ya faɗa a kasuwa cewa akwai masu bautar dutse a garin nan. Ni? Ni da ban taɓa bari rana ta fito mini ban yi asuba ba? Ban taɓa roƙon dutse ko ƙwayar gero ba. Gaisuwa nake kai wa waɗanda suka riga mu zama a ƙasar, in tuna wa kaina cewa mutum ƙarami ne, abin da ke ciyar da shi ya fi shi girma. Amma ban tanka wa malamin ba, tunda ba a faɗa.

'Yar'uwar tawa aure ya kai ta Dakusa tun muna da ƙuruciya. Ɗiyata ta fari, wadda na yi niyyar nuna wa, ta rasu wajen haihuwa. Ta biyun tana Kano, wani ɗan kasuwa mai kawo atamfa birni ya aure ta, sai in yi shekara uku ban ga fuskarta ba. Da ta zo ganin gida wata bazara na ce ta raka ni bayan dutse, ta dubi ƙwaryar ta ce, “Inna, don Allah ki bar abin nan, kada a ji a gidan mijina.” Na ce ta yi zamanta. Ba na roƙon ɗiyar da na haifa. Na ɗauki ƙwaryata na tafi ni kaɗai, kuma daga ranar ban sake kiran kowa ba.

To, birni ya yi ta girma, kowa yana son gidan siminti, siminti kuma sai da tsakuwa. Masu fasa dutse suka cinye duwatsun bakin hanya, suka fara matsowa wajenmu. Kamiyo, babbar motar ɗaukar kaya, ya shigo wofi, ya fita yana nishi. Wata ranar kasuwa maigari ya aiko a kira ni. Na tarar da shi da baƙi biyu: mushen lakwal ɗinmu, wato malamin makarantar boko, wani siririn mutum mai ladabi wanda ya shekara huɗu yana koyar da yaran gari, da wani ma'aikaci daga lameri, ofishin magajin gari, riƙe da takarda.

Ma'aikacin bai gaishe ni ba. Yana tsaye da takalmi a gefen tabarmar maigari ya ce, “Tsohuwa, an ce ke ce mai zuwa bayan dutsen yamma. Akwai wani zane ne a jiki?”

Na dubi maigari na ce, “Ranka ya daɗe, ɗan wa ye wannan? A garinsu gaisuwa tsada gare ta?”

Maigari ya yi dariya ya ce, “Yaya, yi haƙuri, na birni ne, sauri ya haife su.”

Sai mushe ya durƙusa ya gaishe ni yadda ya kamata, ya tambayi gida da ƙafafuna. Ya ce, “Inna, ga yadda maganar take. Masu fasa dutse sun nemi a ba su dutsen yamma. Amma in akwai zanen mutanen dā a jikinsa, za a rubuta a takarda, ba mai sake taɓa shi. A ƙasar Abzin akwai irinsu, har gadi ake yi. In kin san wani abu, yau ce ranar faɗa.”

Na ji shi sarai. Kada wani ya ce tsohuwa ba ta gane ba. Maza uku ne a gabana, ga dogarin maigari na huɗu, kunnena kuma har ranar yana tuna yatsun kaka. Ban da haka raina ya riga ya ɓaci da mai takalmin. Kuma a can ƙasan zuciyata na ɗauka dutsen da ya ga ƙasar nan tana kifi ba zai faɗi a hannun 'yan guduma ba.

Na ce, “Ɗana, dutse dai dutse ne.”

Ya ce, “Inna, ki yi tunani.”

Na ce, “Na girmi tunani.”

Suka tafi su kaɗai da azahar, rana tana tsakiyar ka, dutse a bushe ƙayau. Suka zagaya shi, suka ɗauki hoto, suka dawo. Na ga mushe ya wuce ta ƙofar gidana yana tafiya a hankali kamar mai jiran a kira shi. Ina zaune a zaure ina tsinke zogale, ban ɗaga kai ba.

Wata guda aka yi shiru. Ran nan da hantsi ina wanke gero sai na ɗaga kai na dubi baƙin hayaƙin da tun jiya yake tashi daga yamma. Ga wanda bai sani ba, babban dutse ba da guduma ake fara masa ba. Itace ake tarawa a gindinsa da tsofaffin tayoyin mota, a kunna, wuta ta yini ta kwana tana ci har dutsen ya gasu ya fara tsagewa, sa'an nan a shiga da ƙarfe. Da na lura hayaƙin ta gefen arewa yake tashi, sai na bar wankin geron. Na tsiyaye tsarin a ƙwarya, ba ma sabuwa ba, na ɗora a ka. Ban san ƙafafuna suna da sauran sauri irin wannan ba.

Na iske maza wajen bakwai suna janye ragowar gawayi da dogayen sanduna. Fuskar dutsen ta yi baƙi daga ƙasa, zafi yana bugo mutum tun daga nesa. Babbansu, wani kakkaura da rawani a wuya, ya ce, “Iya, fura kika kawo mana? Allah ya yi miki albarka, tun jiya muke cin hayaƙi.”

Na ce, “Ku matsa. Yau zan nuna muku abin da ubanninku ba su gani ba.”

Ɗaya ya ce, “Iya za ta yi mana sihiri, ku ba ta fili.” Suka yi dariya.

Ni da na yi shekaru ina girki a kan murhun dutse, na fi kowa sanin abin da ruwa ke yi wa dutse mai zafi. Amma a lokacin ba abin da ke kaina sai su gani, su je su faɗa wa mai takarda. Na matsa har zafin ya kama gashin idona, na miƙa hannu. Babban nasu ya yi ihu, “Iya, kada ki zuba!” Na riga na zuba.

Tururi ya tashi. Ta cikinsa kunnuwan suka fito, da ƙahonin, da wuyan har rabi. Dariya ta tsaya. Na ji wani a bayana yana cewa, “La'ilaha illallahu, dabba ce!” Sai dutsen ya yi ƙara kamar an harba bindiga, ɓawon fuskar ya ɓalle tun daga kan har ƙirji, ya zubo a gabana gutsi-gutsi. Wani ya fizge ni baya. Wani gutsure ya yanke ni a ƙauri, ban ji ba sai da na ga jini a zanena.

Babban nasu ya cire rawaninsa ya ɗaure mini ƙafa. Ya ce, “Iya, me ya sa ba ki faɗa ba tun farko? Wallahi da mun sani da ba mu kunna a nan ba, duwatsu sun ƙare ne?” Da ya ga fuskata sai ya sassauta murya ya ce, “Kada ki ɗora wa kanki. Wutar ta riga ta cinye shi, ko ba ki zuba ba gobe zai zubo.” Wataƙila gaskiya ya faɗa. Suka tsaya aiki ranar, suka rako ni har bakin gari. Bayan kwana uku suka koma, tunda ba sauran abin da za a bari dominsa.

Daminar ta yi kyau, kada in yi wa Allah ƙarya. Gero ya yi har rumbuna suka kasa ɗauka. Ina jin mata suna guɗa a masussuka, ni kuwa ina zaune a ɗaki kamar wadda aka yi biki a gidanta ba a gaya mata ba.

Mushe ya zo duba ƙafata. Ranar na faɗa masa komai, gaban namiji, da bakina. Bai ce mini ai na gaya miki ba. Ya share ƙasa da tafin hannunsa ya ce in zana masa yadda yake. Na gwada sau uku, abin da ya fito ya fi kama da akuya. Ya ce ba komai, ya kwafa a littafinsa haka nan.

Maigarin nan ya rasu, ɗansa ke kan tabarmar yanzu. Mai takalmin ban sake jin ɗuriyarsa ba. Babban masu fasa dutse an ce ciwon ƙirji ya ɗauke shi. Mushe yana da rai, an mai da shi wani gari can wajen Gure, yakan aiko da gaisuwa in ya sami mai zuwa. Cikin waɗanda suka taɓa ganin raƙumin nan daga kunne har kofato saura mu biyu, ni da 'yar'uwata ta Dakusa. Tana wajen jikokinta, ba ta fita ko ƙofar ɗaki. Bara na aika mata da goro da turmin atamfa. Wanda ya kai ya ce ta karɓa, ta yi godiya sosai, sa'an nan ta tambaye shi wace ce ni.