Hancin da Malam Haruna ya ara

Ranar Talata da hantsi, ina tsugune ina shafa wa ƙofar wata lori shuɗin fenti, wani direba mai jigilar riɗi daga Simsim ya zo ya tsaya a kaina. Ko injin bai kashe ba. Ya ce, "Usta Sale, albaraka fikum. Malam Haruna mai tarbantin ya rasu jiya a kambon leburori, masaukinsu na gona, an binne shi bayan la'asar." Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Na daɗe a tsugune har fentin ya fara bushewa a bakin buroshi.

Ga wanda bai san shi ba, Malam Haruna shi ne mai ɗan shagon nan a layin masu fenti na kasuwar Gadarif, inda muka fi shekara ashirin muna sayen tarbantin, man da ake sirka fenti da shi don ya kwanta ya bushe. Yana kuma sayar da man sanaubar, wanda mata ke ɗiga wa ruwan wanke ɗaki. Dukansu daga ƙaron wani itace ake tatso su a ƙasashe masu nisa, su hau jirgin ruwa zuwa Bor Sudan, sannan su iso mu a ganga. Kakanninsa, kamar nawa, hajji ya fito da su daga yamma suka yada zango a nan. Bai taɓa ganin itacen ko sau ɗaya ba, amma in ka zauna da shi sai ya faɗa maka ƙasar da ruwa ya ɓata wa masu tatsa aiki bana, da wadda ta fara riƙe kayanta ta daina fitarwa. Mukan zolaye shi mu ce garin Shuwak da ke nan kusa ma sai da jagora yake zuwa, ga shi yana mulkin teku daga kan buhu. Sai ya yi murmushi ya ce, "Farashi can suke yanka shi, ba su shawarce ni ba. Abin da ke cikin kwalbar kuwa ni za a tambaya."

Hancinsa shi ne jarinsa. Ya buɗe ganga, ya shaƙa sau ɗaya, ya ce a shigo da ita ko a mayar. Lokacin da farashi ya fara tashi a waje kuɗinmu kuma ya yi ta faɗuwa, 'yan kasuwa da yawa suka koma sirka tarbantin da kananzir, wanda a nan ake ce wa jaz. Shi ya ƙi. Na ga ranar da wani dillali ya ce masa, "Ya Haj, kowa haka yake yi, ɗan jaz kaɗan wa zai sani?" Ya amsa masa a hankali, "Ƙofar da aka shafa za ta sani." Kwalbarsa ta fi ta kowa tsada, ciniki ya ja baya, bai sauya ba.

Abin da ba a sani ba shi ne shaƙar shekaru ta kashe masa hancin. Wata safiya ya jawo ni bayan shago, ya miƙo mini kwalba, idonsa a ƙasa. Ya ce, "Sale, ɗan'uwana, ko turaren matata Hajiya na daina ji. Shinshina mini, kuma ya tsaya tsakaninmu." Daga ranar nan duk gangar da ta zo sai ya aiko a kira ni, kamar shayi za mu sha. In na gyaɗa kai ya karɓa. Shekara biyu muna haka, ban taɓa yi masa ƙarya ba.

Sai shekarar da tarbantin ya yi tsadar da ba mu taɓa gani ba. Wata uku shagonsa ba ɗigo. Ya sayar da awakin gida da keken ɗinkin matarsa, Hajiya Asabe, ya samu ganga ɗaya daga wani sabon dillali. Ya kira ni. Ina buɗe murfin na ji kananzir, ba ma sai na sunkuya ba. Na dube shi. Rigarsa ta yi masa yawa, yana jiran bakina. Na san in na faɗi gaskiya ba zai sayar da ko cokali ba, dillalin kuma ya riga ya kama hanyar Kasala. Na ce a raina tausayi ne. Na ce masa, "Kwayyis, Malam. Mai kyau ne."

Da sunansa ya sayar da gangar nan, yana ce wa kowa tsantsa ce. Kaka ce, lokacin da masu manyan gonaki ke gyara lorori da tirelolin tarakta. Fentin ya ƙi bushewa. Kwana huɗu, biyar, yana danƙo, ƙaiƙayi da ƙura sun manne a jiki. Masu fenti suka taru a ƙofar shagonsa. Wani ya ɗaga murya, "Ashe kai ma ɗan jaz ne, ya zol! Mu ka mayar wawaye, kana karɓar kuɗin tsantsa!" Ina nan a cikinsu, a baya. Ya dubi taron, idonsa ya bi ta kaina ya wuce bai tsaya ba. Ya ce, "Daga shagona ya fita. Laifina ne." Na buɗe baki, na tuna da masu ba ni aiki, na rufe.

Bai ƙara buɗe shagon ba. Da furfurarsa ya tafi Simsim gadin buhuna a gonar wani. A layinmu sunan ya bi shi, har 'ya'yansa aka koma kira 'ya'yan mai jaz. Babban ɗansa, Ishaƙa, ya tattara ya koma garin Fau saboda haka.

Sau ɗaya na gan shi bayan nan, da aiki ya kai ni gonar. Na tarar da shi a inuwar tirela, ya rame ƙwarai. Na durƙusa na fara, "Malam, gangar nan..." Ya ɗaga hannu. "Khalas, Sale. Tun ranar da fenti ya ƙi bushewa na gane. Ni ya kamata in rufe shago ranar da hancina ya tafi, ban rufe ba, na ɗora maka." Sannan ya tambayi lafiyar iyalina ɗaya bayan ɗaya. Na dawo Gadarif na ce gobe zan tsaya a layi in faɗa. Shekara shida ina cewa gobe.

Yau na faɗa, kuma na san ba ta da sauran amfani gare shi. Layin ya watse, kowa sinadarin gwangwani yake saye, waɗanda suka zage shi rabinsu sun rasu suna ɗauke da abin da suka yi zato. Ban ga yadda zan mayar masa da abin da na karɓe ba, kuma wannan baƙin cikin da shi za a binne ni.

Hajiya Asabe, Ishaƙa, da ƙannenka: mahaifinku bai taɓa sirka kwalba ba. Ni na shinshina, ni na yi ƙarya, shi ya ɗauka ya yi shiru. Allah ya jiƙan Malam Haruna, ya yalwata kabarinsa, ya sa Aljanna ce makomarsa. Allah ya ba ku haƙuri, ya rufa muku asiri yadda ya rufa wa wanda bai cancanta ba. Gobe zan zo gaisuwa. In kun hana ni shiga, a bakin ƙofa zan yi addu'ata, kuma ba ku zalunce ni ba.