Shanun Cikin Waya

A rumfar cajin waya ta kasuwar Batsari nake ganin dattijon nan. Tafin hannunsa duk kanta, irin ta mai riƙe fartanya. Ina jin daga wajen Zakka ya gudo, ya bar gonarsa. Yanzu wasan noma yake yi a waya, yana shuka da babban yatsa.

Mai rumfar ya leƙo. "Baba, an sabunta wasan, sun sa shanu. Ka ɗauki biyu mana, su yi maka huɗa."

Ya daɗe yana kallon wani farin sa, har ya shafa tozonsa da yatsa.

"A'a, ɗan nan. Shanu ke jawo 'yan bindiga."

"Baba, ai a wasan babu su."

Bai ɗago kai ba.

"Mu ma da babu su."