Wuyan Rigata

Rigar fita ɗaya gare ni, farar jallabiya irin ta mutanen nan, wadda suke kira tob. Ba ni da iƙama. Wanda ba shi da takardar zama a Makka, rigarsa ce ke yi masa magana. In tana fari tas da guga, 'yan sanda sukan dube ka su wuce. In ta tsufa, sai ka ji an ce, "Ta'al, ya hajji," wato zo nan, alhaji.

Sau biyu a mako nakan tashi daga unguwar Rusaifa zuwa Zahir, gidan wani malami Basakkwace da ke koya mana karatu, mu magidanta shida. Wata rana ya nuna mana tsohon fim a wayarsa, na zamanin yaƙin Turawa, lokacin da tufa ma sai da kati ake samu. Wata mata ta farke wuyan rigar mijinta da ya cinye, ta juya shi, ta mayar. Sauran suka yi ta dariya. Ni kuwa hannuna na kan wuyan tawa rigar, wanda zare ya fara fita.

Da na koma gida na sa reza na farke shi, na juya. Amma ina saurayi a Kano ɗinkin hula na yi, hannuna bai iya tafiya miƙe ba. Na zagaye wuyan da ɗinkin 'yar sarƙa, fari a kan fari. Ta yi kyau, sai na gangaro da ita har ƙirji.

Ranar karatu na fito, maƙwabciyata, wata tsohuwa mai sayar da gyaɗa, ta tsayar da ni.

"Malam, ina za ka da wannan? Wa ka taɓa gani a garin nan da aiki a tob? Ai daga ƙarshen layi za a san Bakano ne!"

Na koma ciki na kama warwara. Zaren ya fita, ramukan allura suka ƙi ɓacewa. Na sa rigar, na cire, na leƙa waje, na sake sawa. Ranar ni ne zan karanta shafi guda a gaban kowa, kwana huɗu ina bitarsa.

Ban hau mota ba don gudun 'yan sanda, na bi lunguna da ƙafa, hannuna a wuya kamar mai ciwon maƙogwaro. Na isa ana rufe littattafai. Malam ya ce wani ya riga ya karanta shafin nawa. Na dai zauna ina haki, ina tunanin ta inda zan koma.